Dabinon Yaya da Ninki Biyun Tafinta

Mijin yayata tafinta ne a biro, wato ofishin kumandan na Gure, a farkon shekarun saba'in, shekarun nan na fari da suka cinye dabbobin mutane. Yana jin Hausa da Barbarci da Faransanci, yana ɗan taɓa Fillanci, kuma a duk harsunan nan ban taɓa jin ya faɗi magana mai amfani ba, sai in ta wani ce yake juyawa. Dogo ne mai kyan tsayi, yana ɗora kwat a kan riga ko da rana tana dafa ƙwaƙwalwa, da jerin alƙaluma a aljihun gaba waɗanda rabinsu sun daina rubutu tun zamanin nasara. Kowa Tafinta yake ce masa, har ni. Ni kuwa a lokacin mushe ne, wato malami, a lakwal, makarantar boko, ina koyar da babban aji. Na faɗi wannan ne don kada wani ya ce ƙyashin boko ke sa ni zagin bawan Allah. Boko na fi shi, kuma ya sani.

Ana cikin farin nan aka turo wani nasara mai binciken ruwan ƙarƙashin ƙasa, aka haɗa shi da Tafinta. Suka yi ta yawo a mota daga wannan kwari zuwa wancan, har wajen Gamu, suna zura igiya a rijiyoyi. Nasaran mutum ne mai surutu, kuma taurari ne abin ƙaunarsa. In rana ta take suka fake a inuwar mota, ba shi da abokin hira sai Tafinta, sai ya yi ta zuba masa. Ya ce masa taurarin da muke gani gungu ɗaya ne kawai cikin gungu-gungu da ba su ƙidayuwa, kuma masana sun gano suna nisantar juna, wanda ya fi nisa ya fi saurin gudu, wato sararin samaniya kansa buɗewa yake yi. A kan wannan ba su da gardama. Gardamarsu a kan sauri take. Wani ɓangare ya auna ya sami abu kaza, wani ɓangaren ya auna ya sami ninkinsa biyu. To in saurin bai tabbata ba, girman ma bai tabbata ba, haka shekarun sararin: wasu su ce wajen miliyar goma, wato miliyan dubu goma, wasu su ce wajen miliyar ashirin. Daga baya na karanta wannan da idona a wata mujalla da nasaran ya bar wa lakwal ɗinmu, na ga bai yi wa Tafinta ƙarya ba.

Wallahi abin ya burge ni. Mutane suna zaune a ƙasa kamar ni da kai, amma sun ɗaga kai sun ce sai sun auna abin da ba shi da bango. Har robar cikin tayar keke na samo, na ɗiɗɗiga mata alli, na hura ta a gaban aji don a ga yadda ɗigo ke gudun ɗigo. Shi kuwa Tafinta, cikin duk wannan babban labari, abu ɗaya ya tsinta ya jefa aljihu: masana ba su daidaita ba. Buɗewar ba ta dame shi ba, taurarin ma ko a jikinsa. Ya dai ji cewa manyan masu ilimi, da gilasansu na hangen nesa masu girman ɗaki, sun saɓa da ninki biyu, sai ya ga ya sami wurin kwanciya har ƙarshen rayuwarsa.

Akwai wani dogon yaro a ƙofar masallacin unguwarmu, inda maza ke zama bayan la'asar. Nan ya fara baje kolinsa. Wani makiyayi da dabbobinsa suka ƙare ya tambaye shi cikin ladabi, "Malam Tafinta, hatsin taimakon nan da ake cewa yana tafe, yaushe zai iso?"

Ya gyara wuyan kwat, ya ɗaga ido sama kamar mai karanta wani abu a jikin ganye. "Ko wata ɗaya, ko wata biyu. Kai, mutanen da suka ƙure karatun duniya ba su san girman samaniya ba, sai ni zan san ranar zuwan kamyo, motar hatsin?"

Aka yi dariya, shi ke nan ya samu. Daga ranar komai ninki biyu ne. Nisan Kelle, ko yini ko yini biyu. Shekarun uwarsa, ko kaza ko ninkinsa. In Yaya ta ce masa rufin ɗaki yana yoyo, sai ya ce ai yoyo ma sai an auna. Liman, tsoho mai haƙuri, ya taɓa ce masa, "To ai mu dama mun sani, faɗin mulkin Allah sai Allah." Tafinta ya yi wuf ya ce ga shi har Liman ya goyi bayansa. Bai lura ba, ko ya ƙi lura, cewa Liman ɗin nan da bai san faɗin samaniya ba, duk shekara yana gyara shingen lambunsa.

Da a dariya abin ya tsaya, da ban ɓata tawadata a kansa ba. Amma akwai dabinon Yaya.

Mahaifinmu ya bar lambu a wani kwari gabas da gari, tafiyar hantsi a kan jaki. Irin kwarin nan ne namu, rami mai faɗi tsakanin tuddan rairayi, goruba a baki-baki, dabino a ciki, ruwa kusa da hannu. Da aka raba gado ni na sami dabbobi, fari ya zo ya raba ni da su. Yaya ta sami itatuwan dabinon da ke gefen gabas, da ƴar rijiyar da ke tsakaninsu. Ba su da yawa, amma tsofaffi ne masu albarka. Baba da kansa yake hawansu da igiya a ƙugu, ya ɗaura furen namiji a jikin macen, in sun nuna ya yanko nonon dabinon ya zuro ƙasa, Yaya tana tarewa da zane. Da dabinon nan take yi wa ƴaƴanta sutura, da shi take shiga biki ba ta jin kunya, da shi take yi wa Baba sadaka kowane azumi. A gidan mijinta, shi kaɗai ne abin da za ta nuna da yatsa ta ce nata ne.

To fari ya kashe ciyawar da ke riƙe da tudun gabas, abin da ya rage dabbobi masu yunwa suka tumɓuke har saiwa. Tudu ya zama tsirara, ya fara tafiya. Wanda bai zauna ƙasarmu ba zai ɗauka almara ce, amma tudu yana tafiya. Iska ce ke kwaso rairayi daga bayansa tana zubowa ta gabansa, yau kaɗan gobe kaɗan, kuma gabansa lambun Yaya yake kallo.

Maganin abin ba ɓoyayye ba ne. A sari kaba da rassa, a kakkafa shinge layi bayan layi a ƙirjin tudun har zuwa kansa, rairayi ya sami abin da zai tsaya a jikinsa. Sai dai aikin ya fi ƙarfin mutum ɗaya ko biyu, don in ka tare nan ka bar can, ta can zai zagayo maka. Sai gayya. Gayya kuwa tana da ƙa'ida. Maigida ne ke kiranta, da ƙafarsa, ƙofa-ƙofa, da goro a hannu, ya ce wa kowa don Allah ranar kaza a taimake ni. A yanka akuya, a dama fura. Tana kuma da lokaci, bayan an shigar da ɗan abin da aka girbe, kafin maza su watse cin rani. Mace ba ta kiran gayya da mijinta a raye. Ƙanin mata ma ba ya kira. In na je ƙofar mutum, abin da zai fara tambayata shi ne, ina maigidan, lafiya dai? Kuma ba zan ga laifinsa ba.

Akuya akwai. Gero, Yaya ta ce za ta fitar daga nata. Abin da ya rage kawai Tafinta ya tuɓe kwat ya bi ƙofofin manoma da makiyaya, mutanen da suka saba durƙusa masa a biro, ya buɗe baki ya ce don Allah. Wannan ne ba zai iya ba, kuma ba shi da zuciyar da zai ce ba zai iya ba.

Ina gidan ranar da Yaya ta tayar masa da maganar. Mun gama cin abincin rana, yana sakace.

"Malam," in ji ta, "tudu ya ci gorubar bakin lambu. Mutane kuma sun fara ɗaure kayan tafiya."

"Tudun nan yana nan tun ba a haifi kakanki ba."

"Da can a tsaye yake. Yanzu tafe yake."

"Da wane sauri?" Ya cire tsinke daga baki ya nuna ta da shi. "Kin auna? Wa ya auna? Wataƙila shekara goma kafin ya iso, wataƙila ashirin. Ba zan tara dattawan gari in sa su saran kaba a kan zato ba. Mutanen da suka fi mu ma ba su yanke hukunci sai sun tabbatar."

Yaya ta kwashe kwanoni. Mahaifiyarmu Babarbariya ce, kuma Yaya ta gaji halinta: in ranta ya ɓaci, da Barbarci take gunaguni, ƙasa-ƙasa, tana kallon bango. Tafinta yana ji sarai, amma wannan ne kaɗai zancen da bai taɓa damuwa ya fassara ba.

Ni ma na sa baki, amma nan wata masifar take. Ƙanin mata abokin wasan mijin yaya ne. Tun ranar da aka ɗaura aurensu aka ba ni izinin zaginsa, shi kuma aka ba shi izinin kada ya ji. Na ce masa malalaci, ya yi dariya. Na ce masa holoƙo, mai kwat babu kafaɗa, ya ƙyalƙyale har da buga cinya. "Kai Mushe, ba ka da dama!" Ya miƙo hannu mu tafa. Duk abin da ya fito daga bakina, komai zafinsa, kafin ya isa kunnensa ya zama wasa. Ban taɓa jin haushin wata al'ada tamu kamar yadda na ji haushin wannan a shekarar ba.

Na ce to, tunda awo yake so, zan ba shi awo. Ran Alhamis ba lakwal, na sassaƙa turaku biyu masu tsawo ɗaya, na ɗauko metir ɗin aji na yi musu tsaga daidai wa daida. Na matsa masa sai ya zo ya gani da idonsa. Ya zo kuwa, a kan dokin aro, da laima. A gabansa na kafa turke ɗaya a daidai bakin rairayin da ke kallon rijiya, na kafa ɗayan can gaba, wajen babban itacen da Baba ya fi so. Na ce masa, "Tafinta, wannan ba wasa ba ne. In muka dawo rairayi ya hau turakun nan, za ka kira gayya?"

"In awo ya nuna, me zai hana? Ni mutum ne mai bin hujja."

Yaya tana jan ruwa tana jinmu, ba ta ɗago ba.

Bayan ƴan makonni muka koma mu uku. Ina tafe ina murna kamar wanda ya riga ya ci shari'a. Turken wajen rijiya, rairayi ya kai masa wuya, kansa kawai ke leƙe. Muka wuce wajen na biyu. Shi kuwa iya ƙugu aka kai masa, don akwai wani kurmin kaba a samansa da ke rage wa iska ƙarfi, abin da ban yi la'akari da shi ba ranar kafawa. Na tsuguna na ƙirga tsagar, na sake ƙirgawa. Kusan rabin na farko.

Jama'a, ban taɓa ganin babban mutum ya yi farin ciki irin na ranar ba. Ya jefar da laima. Ya ɗaga hannu biyu sama, kwat tana ɗagewa har hammata. "Ninki biyu! Mushe, ninki biyu! Allahu akbar! Abin da ke sama shi ne a ƙasa! Da hannunka ka auna, ba ni na auna ba!" Har ɗan taka rawa ya yi a kan rairayin da ke cin dukiyar matarsa. Tir!

Na ce, "Duba da kyau. Duka biyun rairayi ya hau su. Akwai wanda ya ce maka tudu baya yake komawa?"

"To wanne ne gaskiya, na wuya ko na ƙugu?"

"Ko wanne ne, rijiya ce a gabansa. Masanan naka ma, da mai cewa da sauri da mai cewa a hankali, duk sun yarda sararin samaniya buɗewa yake yi. Wannan rabin labarin ina ka kai shi?"

"Sai a sake awo," in ji shi, yana karkaɗe laima. "Su ma shekara da shekaru suke yi, ba su gaggawa. Kai matsalarka zafin kai."

"Su ba su da dabino a gindin samaniya!"

Ya fashe da dariya, ya ce wannan ta fi duka, sai ya faɗa wa mutanen gindin dogon yaro. Ya miƙo hannu mu tafa. Na bar hannun a iska. Tsakanin abokan wasa wannan ba ƙaramin abu ba ne, kuma ya yi mako yana yawo da shi a gari, wai karatu ya taɓa kan Mushe, ya manta wasa. Yaya kuwa, a ranar, sai ta tumɓuke turken na biyu, ta kai shi inuwa ta kafa, ta ɗaure jakinta a jiki.

Maza suka watse cin rani. Kafin su tafi, Liman ya kira tasa gayyar a gefen kudu, an yini ana kafa kaba ana waƙa, kuma har na bar Gure lambunsa yana nan kore. Mu kuwa, ni da Yaya, duk Alhamis muna kwari, ina sara tana kafawa, ƙayar kaba ta tsattsage mata hannu. Abin da muka sani tun farko shi ya faru: muka tare gaba, ya zagayo ta gefe. Rijiya ce ta fara tafiya. Mun yashe ta, ta cika, mun sake yashewa, har ranar da muka zo muka rasa inda bakinta yake.

Na ɗauka ranar zai ji kunya. Ina! Ashe akwai sauran guzuri a labarin nasara. Ya ce ai masanan ba su ma daidaita ba ko samaniya za ta yi ta buɗewa har abada, ko wata rana za ta tsaya ta komo. In samaniya da girmanta tana iya komowa, tudu fa? Ya faɗi wannan a tsakar gida, yana shan furar da Yaya ta dama masa da hannun da ke ɗaure da tsumma. Na tashi na fita, don in na zauna abin da zan yi ba za a kira shi wasa ba.

Ina so a fahimce ni. Masanan nan ban raina su ba ko kaɗan. Na ji har yau ba su gama daidaitawa ba, tazarar ta ragu amma gardama tana nan. To su in awo ya saɓa, komawa suke yi su goge gilashi su sake dubawa, wani ya tsufa ya mutu a kan aikin, wani ya ɗora. Rashin saninsu aiki yake sa su. Shi ko Tafinta ya ɗauko rashin sanin mutanen da suka sha wahala kafin su kai gare shi, ya shimfiɗa ya kwanta a kai. Ko tauraro ɗaya ban taɓa ganin ya ɗaga kai ya kalla ba.

Shekarar da ta biyo aka maida ni Kelle. Na daɗe ban taka kwarin ba, in na zo gari ma kauce wa hanyar nake yi. Sai wani babban hutu, wajen ƙarshen shekarun saba'in, azumi saura kwana kaɗan, na iso gidan da hantsi aka ce Yaya tana lambu. Na ce wane lambu? Aka ce lambu dai. Na ari jaki na bi ta.

Inda na san lambu, gangaren rairayi na tarar, fari fat, sumul. Kawunan dabino ne a zube a kansa nan da can, ka ce kurmin kaba ne, yawancinsu sun bushe. Babban itacen nan na Baba ne kaɗai ke da sauran kore, shi ma rairayi ya kai masa wuya. Ya yi ƴaƴa, nono ɗaya, yana kwance a ƙasa. Yaya tana durƙushe a gabansa, tana tsinka ɗaya-ɗaya, tana hure rairayi tana sakawa a ƙwarya. Itacen da Baba ke hawa da igiya har mu ɗaga kai wuya ya yi mana ciwo, shi ne yayata take tsinka a durƙushe. Na tsaya a bayanta hawaye suna zubo mini. Ba ta juyo ba ta ce, "Ka zo? To tsuguna ka taya ni." Na tsuguna. Ƙwaryar ba ta cika ba.

Da muka koma gida Tafinta yana zaune a inuwar zaure ta ciki, ya ƙara ƙiba, kwat ɗin ta ƙi haɗuwa a ciki. Yaya ta ajiye ƙwaryar a kan tabarma za ta sha ruwa. Ya miƙa hannu ya ɗebi dabino, ya jefa ɗaya a baki, ya lumshe ido.

"Ka gani ko, Mushe? Kuka yi ta ihu kamar duniya za ta tashi. Ga dabino, har ya fi na da zaƙi. Yanzu ma ba sai an wahala an nemi mai hawa ba."

Ya sake miƙa hannu. Yaya ta ajiye moɗa, ta janye ƙwaryar daga gabansa. Tunda aka yi aurensu ban taɓa ganin ta janye abinci daga gaban mijinta ba. Ba ta yi Barbarci ba, ba ta kalli bango ba. Cikin idonsa ta kalla, ta yi magana da Hausa, da ƙarfin da maƙwabta za su ji.

"Wannan sadakar Baba ce. Kai ka jira a gama awo."

Ya juyo wajena baki buɗe, yana jiran in yi dariya abin ya zama wasa. Ban yi ba. Yaya ta yafa mayafinta, ta ɗauki ƙwaryar ta fita da ita ƙofar masallaci. Shi ne dabinon ƙarshe da itacen ya yi.